Lodin da Na Sauya wa Nuhu

Da sunan Allah nake farawa, kamar yadda na saba yi kafin in murɗa makullin mota. Wannan babin naku ne ku biyu, Hawa'u da Nuhu, amma rabon Nuhu ya fi yawa a ciki. Na riga na ba ku labarin tasowata a Zongon Kumasi, da shekarun da na yi ina met, wato yaron mota, kafin maigidana ya yarda in taɓa sitiyari, da yadda na auri uwarku Lami. Waɗannan duk masu daɗin faɗa ne. Wannan kuwa na daɗe ina kewaye shi kamar direban da ya hango shingen 'yan sanda ba takarda a aljihunsa. Akwai maganar da ke yawo a dangi, wai Nuhu ya miƙo mini hannu daga Jamus na buge hannun, na bar shi yana jira Lahadi uku ko leƙawa ban yi ba. Rabin maganar gaskiya ne. Ɗaya rabin ƙarya ne, kuma ba kowa ya ƙirƙire ta ba sai ni da bakina. To, ranar wanka ba a ɓoyon cibi.

Kun san motata, Mai Rabo. Na sayi ƙashinta tsohuwa a Magazin, unguwar makanikai, na kai ta unguwar Anloga wurin Efo Kwami kafinta, shi ya ɗora mata jikin katako, ya shafe ta kore da ruwan ɗorawa, ya rubuta mata suna a goshi. Shekara talatin da wani abu muna tare. In hau arewa da katako da goro, Techiman, Kintampo, Tamale, har Bawku, in sauko da albasa. Da ita na aurar da Hawa'u, da ita na biya wa Nuhu makaranta har ya san abin da ya kai shi ƙasar Turawa. Bayan rasuwar uwarku, ciwon suga ya sauko mini a ido, na hagu ya fara yin hazo, ban faɗa wa kowa ba. Wata rana a Techiman na kwashe teburin wata mai tumatir da gefen mota. Allah ya tsare, matar ta tashi ta je neman canji, da yanzu wani zancen ake yi. Wallahi ban ga teburin ba. Aka kwantar da ni a asibiti don aikin ido, na yi kwanaki. Da aka sallame ni na nufi inda nake ajiye mota, sai na tarar da tabon baƙin mai a ƙasa kawai. Nuhu ya zo sadakar arba'in ta uwarsa bai riga ya koma ba, shi na samu a tsakar gida yana wanke takalminsa.

"Ina motata?"

"Baba, mun rasa Mma. Ba za mu rasa ka a titi ba, kuma ba za mu zuba ido ka ɗauki ran wani ba."

"Ba mota ka sayar ba, Nuhu. Ubanka ka sayar."

Ya ci gaba da goge takalmin da ya riga ya fita. Bayan kwana biyu ya tafi, ko tasha ban raka shi ba.

Shekara huɗu muka yi a haka. Ba wai mun daina magana ba, a'a, mu ba arna ba ne. Ranar sallah zai kira, in ɗauka. Yaya jiki, lafiya lau. Yaya sanyi, da godiya. A gai da yara, za su ji. Shi ke nan, minti biyu ya yi yawa. Ni kuwa zama ya same ni irin wanda ban taɓa sani ba. Mutumin da ya saba kwana a gari uku cikin mako ɗaya, ga shi yanzu daga ɗaki sai masallaci, daga masallaci sai wurin mai koko, daga nan sai baranda. Tasha na daina zuwa, don ba na son yaran da na koya wa tuƙi su miƙe su ba ni kujera suna ce mini sannu, Baba. Gidan cike yake da 'yan haya, ga kukan yara, ga daka, ga rediyon Tonawa, 'yan asalin garin, da ke ɗakin ƙarshe, amma ba wanda ke da magana da ni bayan ina kwana. Ɗakin uwarku na kulle shi. Hawa'u tana zuwa daga Asokore Mampong sau ɗaya a mako da tuwo da miyar ayoyo, ta share mini ɗaki, ta yi mini faɗan shan magani, ta koma gidan mijinta. Idan ta tafi nakan ji gidan ya fi yin shiru fiye da kafin ta zo. Kaɗaici ya ci ni, ba zan ɓoye muku ba.

A shekara ta biyar, bayan ƙaramar sallah, Hawa'u ta sauko daga tasi da wani kwali babba, direban na taya ta ɗauka. Wani ɗan unguwar Aboabo da ya dawo hutu daga Jamus ne ya zo da shi daga wurin Nuhu. Ta buɗe a gabana. Kwamfuta ce irin ta ninkewa, da sitiyari baƙi mai girman faranti, da abin takawa na totur da birki, da wani ɗan akwati na kamo intanet.

"Meye wannan kuma?"

"Wasan tuƙin babbar mota ne, Baba. Yaya Nuhu ya ce akwai hanyar Kumasi zuwa Bawku a ciki. Ya ce idan ka haɗa, kai kana nan shi yana can, za ku iya tafiya ayari ɗaya, kana ganin motarsa yana ganin taka, har magana za ku riƙa yi."

"Ni za a kawo wa abin wasa? Ki ajiye can."

Ta ɗaure sitiyarin a bakin tebur, ta nuna mini inda ake kunnawa da yadda ake jan wani ɗan abu da suke kira ɓera ana dannawa, ina kallon gefe kamar ba na ji, alhali ko kalma ɗaya ba ta wuce ni ba. Kafin ta tafi ta ajiye mini takarda, rubutun hannun Nuhu ne, da manyan baƙaƙe saboda idona. Ya rubuta cewa nan da mako biyu, kowace Lahadi bayan la'asar ɗinmu, zai buɗe ayari mai suna Tashar Zongo, zai jira ni. Ƙafarta ba ta kai bakin titi ba na sakaya ƙofa na ɗauko tabarau.

Bari in yi muku bayanin abin yadda na fahimce shi, don jikokina kada su yi mini dariya su ce tsohon bai san me yake faɗa ba. Wasan kansa Turawa suka yi shi, hanyoyinsu ne a ciki da motocinsu. Amma akwai wasu masu ƙwaƙwalwa da suke ƙera ƙari su liƙa masa, shi ake kira mod. Wani ya zana hanyoyin Ghana, wani ya ƙera tsohuwar mota mai jikin katako irin tamu, wani ya sa ƙarar inji, wani ya sa trotro, wato ƙananan motocin hayarmu, da masu talla a bakin hanya. Kafin ka fara wasa sai ka shiga wani wuri da ake kira manajan mod. A hagu ga kayan a zube, a dama ga fili, sai ka ɗauko ɗaya-ɗaya ka jera su daga sama zuwa ƙasa. Nuhu ya riga ya zuba kayan a cikin kwamfutar, guda tara, amma ya bar mini rubuta sunana da jerawa, wai yana so in yi da hannuna. A takardar ya sa musu lamba, ɗaya zuwa tara, a ƙasa ya ja layi biyu ya rubuta: Baba, don Allah kada ka sauya jeri.

Na yi kwana biyu kafin hannuna ya saba da ɓeran, yana zille mini kamar sabulu. A rana ta uku na jera su tsaf yadda ya rubuta. Da na tsaya a nan da ba a yi wannan babin ba. Amma sai idona ya kai kan wasu ƙananan lambobi a gefen kowane ɗaya, na gane nauyinsu ne ake nunawa. Hanyoyin Ghana su suka fi kowa nauyi, nesa ba kusa ba, ga shi Nuhu ya kai su lamba tara, can ƙarshe. A lamba ɗaya kuwa ya sa wani ɗan mitsitsi wanda nauyinsa bai kai a faɗa ba, sunansa ma "na Baba" kawai. Na yi tsaki ni kaɗai a ɗaki. Duk wanda ya taɓa tsayawa a bayan mota ya san lamba ɗaya shi ake fara lodawa, kuma mai nauyi ake fara sawa, marar nauyi ya zo ƙarshe. Wane mahaukaci ne zai fara shimfiɗa kwandon ƙwai sannan ya ɗora katako a kai? Na ce yaron nan ya yi karatu, amma bai taɓa kwana a tasha ba. Ni da na yi shekara arba'in ina lodi, motata ba ta taɓa kifewa ba, shi ne zai ja mini layi biyu? Na juye jerin kaf. Mafi nauyi a ɗaya, mai bi masa a biyu, har ɗan mitsitsin ya koma tara. Na duba na ji daɗi, na ce yanzu aka yi lodi.

Abin da ya ƙara ɓatar da ni shi ne wasan ya tashi. Ya tashi lafiya lau! Na ga kaina a cikin mota, ga madubi, ga titi a gabana. Motar fara ce fat kamar ta ɗaukar marasa lafiya, ba rubutu ba ado, amma da na taka totur sitiyarin ya yi rawa a hannuna, sai da na ce Allahu akbar. Na fita daga Kumasi na kama hanyar Techiman. Shekara huɗu rabona da in ga titi yana shigewa ƙarƙashina. Na yi tuƙi har aka kira azahar ban ji ba. Akwai 'yan abubuwan da ba su yi daidai ba, allunan hanya wasu babu rubutu, kuma gab da Kintampo akwai inda titin ya yanke, motar ta faɗa rami marar ƙasa tana ta juyawa. Na yi dariya har da tari, na ce lallai wanda ya zana wannan ɗan ƙasa ne, ya san hanyarmu. Na riƙa juyowa kafin wurin. Kwana goma ina horo, safe da yamma, ina koyon kwana da ja da baya, don kada ranar Lahadi yaro ya ga ubansa yana hawa kan gefen titi. Har aski na je na yi ranar Asabar, kamar zai gan ni.

Lahadi ta zo. Na yi la'asar a sahun farko, ban tsaya gaisawa ba. Na sa farar riga, na zauna, na shiga wurin ayari kamar yadda takarda ta ce. Sunaye suka fito da yawa, na bi da yatsa, sai ga shi: Tashar Zongo, mutum ɗaya a ciki. Ɗana ne wannan mutum ɗayan, yana zaune a wani ɗaki a ƙasar da ban taɓa gani ba, yana jirana. Na yi bisimilla na danna. Sai wani jan rubutu ya fito da Turanci. Turancina na tasha ne, amma na gane abin da yake cewa: kayana da kayan ayarin ba su dace ba. Na koma manajan mod na ƙirga, tara. Na duba takarda, tara. Na bi suna-suna, babu wanda ya ɓace. Na sake dannawa, jan rubutu. Na kashe na kunna, na ɗaga akwatin intanet na kai taga, na hura masa iska, jan rubutu. Ina kallon sunan nan da mutum ɗaya a ciki har kusan magariba, sannan ya ɓace. Wayata tana kan tebur kusa da hannuna. Ban kira ba, shi ma bai kira ba.

Za ku ce, to Baba, ba ka tuna layi biyun ba? Na tuna mana. Tun daga jan rubutu na farko zuciyata ta raɗa mini. Amma na ce mata ta yi mini shiru. Na ce inji ba ya sanin wanda ke gaba da wanda ke baya, tunda kaya sun cika ai sun cika, kuma ba ga shi wasan yana tafiya da lodina ba? Na ɗora wa intanet laifi, na ɗora wa masu wuta, na ɗora wa Turawan da suka yi abin. Har na ce wataƙila Nuhu ne ya rikita nasa. Gaskiyar ita ce in mayar da jerin yadda ya rubuta, kamar na yarda ne cewa ya fi ni sanin abin da ya dace da ni, kuma idan ya fi ni sani a wannan, to wataƙila ya fi ni sani ranar da ya sayar da Mai Rabo. Wannan ne ban iya haɗiyewa ba. Lahadi ta biyu ta zo ta wuce kamar ta farko. Na zauna da farar rigata, na danna ya fi sau ashirin, sunan yana nan, mutum ɗaya, har ya ɓace.

Lahadi ta uku ina cikin dannawa na ji sallamar Hawa'u a tsakar gida, alhali ba ranar zuwanta ba ce. Na yi wuf na rufe kwamfutar, na jefa wa sitiyarin zanen gado, na ɗauki carbi. Ta shigo da waya a hannunta.

"Baba, Yaya Nuhu ya ce mako uku yana jira. Ko abin ya ƙi ne? In ya ƙi ka faɗa, ba abin kunya ba ne, sai ya nuna mana."

Kalmar kunyar nan ce ta harzuƙa ni. In ce abin wasan yara ya gagare ni, a gaban 'yar da na haifa? Na ji jini ya hau mini ka.

"Wa ya ce miki na taɓa shi? Ga shi nan yadda kika bar shi. Ki faɗa masa ni ba yaro ba ne. Wanda ya sayar da mota ta gaske ba zai biya ni da ta roba ba."

Hawa'u ta dafe baki. Ta dubi wayar hannunta, sai a lokacin na lura fuskar wayar a kunne take. Ashe tun daga ƙofa ta kira shi ta buɗe murya, don ya yi mana jagora. Ina jin ƙarar wani inji daga can ɓangarensa, irin ƙarar da na sani, ta motar wasan tana tsaye ba a kashe ta ba. Sannan ya yi magana a hankali.

"Na ji, Baba. Allah ya huci zuciyarka. Ba zan ƙara damunka ba."

Ya kashe. Hawa'u ta zauna a bakin gado ta yi kuka, ta ce, "Haba Baba, haba Baba." Ni kuwa na ci gaba da jan carbi ban san abin da nake karantawa ba. Da na ɗaga zanen nan kawai na ce mata duba, ga inda na maƙale, da magana ta ƙare. Ban ɗaga ba. Magana zarar bunu ce, na zara kuma na bar ta a zare.

Wata biyu ban kunna abin ba. Na koma baranda. Abinci ya daina yi mini daɗi, Hawa'u tana zuwa ta ajiye kwano ta yi shara ba ta ko yi mini faɗan magani, wanda da na fi so ta yi. Wata Talata na gaji da zaman, na sa kwamfutar da takardar a jaka na hau trotro zuwa Anloga. Ban san me na je nema ba, na dai san Efo Kwami ne kaɗai ya rage cikin waɗanda suka san ni da mota, kuma shi ba ɗan Zongo ba ne balle maganata ta zaga masallaci. Na same shi a rumfarsa, ya tsufa ya rankwafe, ba ya iya ɗaga zarto, yana zaune cikin garin katako yana yi wa masu aiki tsawa. Hausarsa har yau irin ta da ce, mace da namiji duk ɗaya. Masa yake ce mini, wato maigidan mota, kamar yadda ake kirana a tasha.

"Ei, Masa Garba! Kai bai mutu ba?"

"Ina jira ka fara yi mini akwatin gawa."

"Ku Musulmi ba ya sayen akwati, shi ya sa ni talaka."

Muka yi dariya, ya aika aka kawo mini ruwa. Na buɗe kwamfutar a kan bencinsa na ba shi labari duka, har da abin da na faɗa a gaban waya. Shi ne mutum na farko da na gaya wa. Bai san kwamfuta ba ko kaɗan, ko waya mai shafawa ba ya riƙewa. Ya karɓi takardar ya nisanta ta da idonsa, ya daɗe yana dubawa, ya sa na nuna masa nawa jerin, da nauyin kowanne.

"Wa ya gaya maka wannan lodi ne?"

"To mene ne in ba lodi ba?"

"Ni in na yi jikin mota, katako yana ƙasa, shi ne mai nauyi. Sai farin fenti. Sai kore. Sai rubutu, shi ba ya da nauyi ko kaɗan, shi ne a sama. In ka sa rubutu a ƙasa ka shafa fenti a kai, wa zai gani? Yaron ya sa ƙarami a sama, ya rubuta sunanka a kai. Kai ka ɗauka ka binne shi. Masa, ka mayar yadda yaro ya ce. Kai direba ne, ba kai ka ƙera wannan mota ba."

Na buɗe baki zan yi gardama, ya ɗaga mini hannu kamar yadda yake yi wa masu koyon aiki. A nan kan bencin na shiga manajan mod na fara mayarwa. Hanyoyin Ghana suka sauka tara. Motar katako ta koma inda aka ce. Ɗan mitsitsin na ja shi daga ƙasa, hawa ɗaya-ɗaya, har ya kai lamba ɗaya. Aikin da bai fi minti biyar ba. Na kunna wasan muka jira.

Farar motar ta tafi. A wurinta ga Mai Rabo tsaye. Kore da ruwan ɗorawa, sunanta a goshi da irin karkatattun baƙaƙen Efo, zakin da ke ƙofar baya mai kama da kare wanda muka shekara muna yi masa tsiya a kai, har lotsawar ƙofar hagu da na samo a garin Bolga. A ƙasan ƙofar direba an rubuta Masa Garba. Daga baya, ba tare da sanin na riga na gani ba, Hawa'u ta gaya mini cewa Nuhu ya sa ta ɗauki hoton duk tsofaffin hotunan motar da ke akwatin uwarku ta aika masa, ya yi kusan shekara yana zanawa a ranakun hutunsa, ya hana ta faɗa mini don yana so in gani da idona. Efo ya kai yatsa ya taɓa gilashin, wurin zakin.

"Oyiwa," ya ce yana gyaɗa kai. "Aikina ne wannan."

Na juya baya ga masu aikin na sa hular kaina a fuska, na yi kukan da ban yi ba ko ranar da aka binne Lami. Efo ya daka musu tsawa su ci gaba da aiki, ya bar ni har na gama.

Lahadin da ta biyo na yi la'asar, na sa farar riga, na shiga wurin ayari. Na bi sunayen da yatsa daga sama har ƙasa, na sake bi daga ƙasa har sama. Babu Tashar Zongo. Na jira har magariba. Na ɗauki waya na kira shi, karo na farko cikin shekara biyar da ni na fara kira. Ya ɗauka da sauri, muryarsa a tsorace.

"Baba, lafiya? Jikin ne?"

"Lafiya lau. Na ce... yaya sanyi?"

"Da godiya, Baba. Yanzu ma zafi ake yi."

"To. A gai da yara."

Maganar da na kira dominta ta ƙi fita. Na iya yi wa ɗan sanda magana, na iya yi wa ɗan fashi magana a dajin Kintampo, amma na kasa ce wa ɗana na yi kuskure. Na gwada sau uku bayan wannan, kullum a yaya sanyi nake ƙarewa. Hawa'u ma ban gaya mata ba, har yau tana ganin zanen gado a kan sitiyari idan ta zo, ba ta san ina jin sallamarta nake rufewa ba. Girman kai rawanin tsiya ne, na san karin maganar tun ina yaro, ban san ni ake nufi ba.

Yau fiye da shekara ke nan. Ina tuƙa Mai Rabo kusan kullum, ramin Kintampo ya toshe tun ranar da na gyara jeri, na kai Bawku ba adadi. Amma hanya ce marar kowa, trotro ɗin ciki ba mutane ba ne, in ka yi musu hon ba sa amsawa. Efo Kwami ya rasu da azumin da ya wuce, don haka babu sauran mai shaida sai wannan takardar. Tunda bakina ya gaza, na ce bari hannu ya gwada. Hawa'u, idan kin karanta kada ki jira sai na mutu, kada ki jira in gama sauran babobin. Ki ɗauki hoton waɗannan shafukan ki tura masa yau.

Nuhu, na zo. Duka Lahadi ukun na zo, da farar riga, tun kafin ka buɗe nake zaune, biyun farko ina ganin sunanka har ka rufe. Ni na sauya jerin bayan ka roƙe ni kada in sauya, kuma ƙarya na yi da na ce ban taɓa abin ba. Na ga motar. Ranar da ka sayar da ta gasken ma kai ne da gaskiya, saura kaɗan in kashe 'yar mutane a Techiman. Ka yafe wa ubanka. Jerin yana nan yadda ka rubuta, ɗaya zuwa tara, ban ƙara taɓa shi ba. In kuma naka ya sauya a wannan tsakanin, ka aiko mini da sabuwar takarda, zan bi ta lamba-lamba ba gardama. Ranar Lahadi bayan la'asar ina nan zaune.